Ba kowace cuta ke barin tabo ba: abin da ɗakin awo ya koya mini

Aikin ungozoma a ɗakin awo aiki ne na tambaya. Cikin wata nawa ne, haihuwa ta nawa, kina shan maganin ƙarin jini, ɗan yana motsi? A makaranta an koya mana auna hawan jini da lura da kumburin ƙafa, an kuma ce mu sa ido kan tabon duka. Amma matan da suka fi hana ni barci tun da na fara aiki, yawancinsu jikinsu sumul yake.

Wata idan na nemi lambar waya sai ta ba ni ta maigida, domin tata an karɓe tun tana amarya. Wata na rubuta mata gwajin jini, ta tsaya tana jujjuya takardar, can ta ce, "Sista, don Allah ki sa hannu a jiki, kada ya ce ni na ƙirƙiro don in ci kuɗi." Wata kuma ina magana hankalinta na kan agogon bango, saboda an ƙayyade mata lokacin da za ta dawo, kuma layin awo bai san da wannan ba.

Kowanne ɗaya idan aka ware shi, sai a ce ai ba komai ba ne. Sai an haɗa su ake ganin tsari. Tsari ne na mallakewa da tsoratarwa. Yawanci miji kan fara ne da raba matar da mutane: ƙawarki ba ta da tarbiyya, yayarki ce ke zuga ki, gidanku ba sa ƙaunata. Daga nan sai aljihu. A hana ta kitso ko ɗinkin da take yi, ko a bar ta ta yi amma kuɗin ya wuce hannunsa, a karɓi kwasar adashenta da sunan rance, a sayar da kayan ɗakinta ɗaya bayan ɗaya. Sai dokokin da ke canzawa kullum, abin da ya burge shi jiya yau laifi ne. Sai gori a gaban yara, sai barazanar saki, ko kishiya, ko ƙwace 'ya'ya. Duka ma wani lokaci sau ɗaya aka taɓa yi, shekaru da suka wuce, amma tun daga ranar kallo kaɗai ya isa. A tsakani kuma akwai kwanakin daɗi, turmin atamfa da ban haƙuri, kuma su ne ke sa ta ce ai yana da kirki idan ba a ɓata masa rai ba.

Nan akwai abin da nake so a fahimta da kyau, domin an sha yi mini gardama a kansa. Kulle shi kaɗai ba alama ba ce, neman izini kafin fita ma haka. Na san matan kulle da ke juya jarinsu daga tsakar gida, danginsu na shiga suna fita, su faɗa wa miji gaskiya ido da ido. Abin da nake nema shi ne tsoro. Za ta iya saɓa masa a magana ta kwana lafiya? Idan ta ji ƙarar babur ɗinsa a ƙofar gida, gabanta faɗuwa yake yi?

Shi ya sa tambayar "yana dukanki?" ba ta kai ni ko'ina. Amsar kusan kullum ita ce, "A'a wallahi." Tambayoyin da ke buɗe baki ƙanana ne: idan kin makara yau me zai faru? Yaushe rabonki da Inna? Idan yaro ya yi zazzaɓi da dare maigida ba ya nan, za ki iya kawo shi? Kuma ba a yin su sai daga ni sai ita. 'Yar rakiya, ko uwar miji ce ko ƙanwarsa, nakan ce ta ɗan jira a waje za a duba jiki. Ko yaro mai wayo ba na bari, don zai je ya maimaita a gida ba da nufin komai ba. Abin da ta faɗa nakan rubuta shi da kalmominta a fayil ɗin da ke zama a asibiti, da kwanan wata, da wurin rauni idan akwai. Takardar da za ta tafi da ita gida ba ta ɗaukar komai sai awo.

Binciken lafiya da yawan jama'a na Najeriya na 2018 ya nuna kashi 36 cikin ɗari na matan da suka taɓa aure sun fuskanci cin zarafi daga miji, na jiki, ko na shimfiɗa, ko na zuciya. A cikin tambayoyin binciken har da ko yana hana ta ganin ƙawaye, yana rage mata hulɗa da danginta, yana dagewa sai ya san inda take kowane lokaci. Su ne dai abubuwan da nake ji a kan benci.

Ba miji kaɗai ke yi ba. Na ga gidan da uwar miji ce ke riƙe da mabuɗin ɗakin hatsi tana auna wa mai ciki abinci. Na ga 'yar riƙo da aka cire daga makaranta aka hana ta waya da iyayenta. Akwai tsofaffin da katin fanshonsu ke hannun ɗa, akwai kuma mazan da ake yi wa, su kunya ke rufe musu baki.

Inda abin ya fi yi mini ciwo shi ne gida. Yarinya ta yi ta maza ta yi yaji, kafin ta kwance ɗankwali an fara: "Ki yi haƙuri, aure ibada ne, mu ma da haka muka zauna." Ban raina haƙuri ba, kuma na san abin da ke tsorata iyaye, ga tsadar rayuwa, ga bakin duniya kan bazawara. Amma a ce haƙuri kafin a ji me ya faru, wannan rufe mata baki ne. Sannan a zaunar da su ɗaki ɗaya don sulhu, shi mai iya magana ne, ɗan sahun farko a masallaci, ita kuma ta san da wa za ta koma. Sai ta sunkuyar da kai, a ce ba ta da ta cewa.

Da addini ake yawan ɗaure su, alhali addinin ya yi magana a fili. Aya ta 19 a Suratun Nisa'i ta ce a zauna da mata da kyautatawa. Aya ta 231 a Suratul Baƙara ta hana a riƙe su don cutarwa. Aya ta 35 a Nisa'i ta ce idan an ji tsoron saɓani a ɗauko mai sulhu daga danginsa da wani daga danginta, wato ita ma da nata wakilin. A mazhabar Malikiyya da kotunanmu ke bi, alƙali na iya raba aure saboda cutarwa, kuma malamai sun lissafa zagi da ƙaurace mata da magana a ciki, ba duka kaɗai ba. Matan da nake gani yawancinsu kul'i kawai suka sani, suna zaton babu fita sai sun mayar da sadaki, ga shi ba su da ko kwabo. Sai dai cutarwa na buƙatar hujja, a nan rubutun asibiti da shaidar maƙwabta ke amfani.

Dokar ƙasa ma ta motsa. Dokar hana cin zarafin mutane ta 2015, wato VAPP, ta haramta tilasta wa mutum dogaro da wani ta hanyar kuɗi, da raba shi da dangi da abokai, da cin zarafi da baki, da korar mata daga gida, ta kuma ba kotu ikon ba da umarnin kariya. Asalinta Abuja ta shafa, sai jiha ta yi tata. Kaduna ta yi a 2018. A gefe guda kuma sashe na 55 na tsohon kundin Penal Code na Arewa ya zo da sassauci ga miji mai "ladabtar" da matarsa. A Ingila tun 2015 wannan mallakewar da tsoratarwa laifi ce mai zaman kanta, da ɗaurin da zai iya kai shekara 5.

Akwai alamomin da idan na ji su ba na jira: ya taɓa shaƙe mata wuya, ya nuna mata wuƙa, ya ce zai kashe ta ko kansa, ko ya doke ta da ciki. Kuma lokacin da ya fahimci za ta tafi shi ne mafi haɗari. Don haka ba na ce wa kowa ta tattara ta fita yau. Mukan zauna mu lissafa: wa zai yarda da ke a dangi, kawu ko gwaggo? Wace maƙwabciya za ta ajiye miki ɗan kuɗi da takardun yara? Nakan gaya mata akwai lauyoyi mata na FIDA da ƙungiyar WRAPA masu tsaya wa irin wannan. Idan awo ne kaɗai fitar da aka yarje mata, nakan matso da ranar dawowarta. Da yawa sukan fita su koma, su sake fita, kuma fushi da su na nufin rufe ƙofa ɗaya da ta rage.

Iyayen da suka nemi shawarata kafin su amsa biko, abin da nake ce musu shi ne: Baba, a fara jin ta bakinta ita kaɗai, a gaban wanda ta zaɓa. Idan za ta koma, a gindaya sharaɗi a gaban shaidu, a mayar mata da wayarta da sana'arta, a bar ta ta riƙa zuwa gida, wani babba ya riƙa leƙawa ba tare da sanarwa ba. Na ga mazan da suka amince suka kuma cika. Na ga waɗanda tun a maganar waya suka miƙe a fusace, kuma irin waɗannan shawarata kada a mayar da ita, a nufi wurin alƙali.