Dutsen da Yake Shan Rana

Shekara biyu ina fama da wani ƙagaggen labari. Gari ne da babu shi a taswira, mutanensa ba sa kunna fitila don karatu, domin tawadarsu da kanta take haske. A makarantar allonmu abin ya faro. Bayan isha'i a hura wutar kara, mu kewaye ta, kowa yana karkata allonsa don ya ga baƙi, ni kuwa ina cewa a raina ina ma rubutun ne yake ci kamar garwashi. Da na zo rubutawa sai tawadar ta ƙi zama. Na rasa da me ake haɗa ta, wa ke dafa ta, me ke ɓata ta.

Da na je Italiya wajen yayana, sai na roƙe shi ya raka ni Bolonya. Daga Milan sa'a ɗaya ce da 'yan mintoci a jirgin ƙasa mai sauri. Bolonya garin jan bulo ne, titunansa da rumfunan gini a gefe, ka yi ta tafiya ruwan sama bai taɓa ka ba, jami'arsu kuma tun daga 1088 ake ƙirga shekarunta. Duk a gurguje muka wuce su. Paderno nake nema, wani tudu a kudancin garin.

A can ne, wajen 1603, wani baduku mai ɗinkin takalma, Vincenzo Casciarolo, ya tsinci dutse mai nauyin gaske. Yana cikin masu neman dabarar haɗa zinariya, don haka ya gasa shi da gawayi. Zinariya dai ba ta fito ba. Amma abin da ya ciro daga wuta, in an shanya shi a rana aka shige da shi ɗaki mai duhu, sai ya riƙa yin ja kamar garwashi, kuma ba ya ƙuna. Labari ya bazu, har Galileo, masanin taurari, ya nuna wa mutane irinsa a Rum a 1611.

Bas ta sauke mu, muka ƙarasa da ƙafa. An kwana ana ruwa. Gefen tudun duk kwazazzabai ne na yumɓu mai launin toka, taɓo yana kama takalmi har sai ka ja ƙafa da ƙarfi.

"Ƙanena, in ka same shi ma, me za ka yi da shi?" in ji Yaya.

"So nake in ji nauyinsa a hannuna, Yaya."

Bai ƙara cewa komai ba, ya naɗe ƙafar wandonsa ya shiga tono da ni. Shi ya fara samu. Dunƙule ne kamar ƙwan zabo, amma da ya ɗora min a tafin hannu sai da hannun ya yi ƙasa. Muka fasa shi a kan wani dutse. Cikinsa zare-zare ne masu ƙyalli, sun taso daga tsakiya sun bazu ko'ina, kamar yadda yaro yake zana rana. Na daɗe a tsugune ina juya shi.

Sunansa barayit, kuma ba baƙonmu ba ne: ana haƙar shi a Azara ta Jihar Nasarawa, masu haƙar rijiyar man fetur suna amfani da shi saboda nauyin nan nasa. Ɗanyensa ba ya haske ko kaɗan. Sai wuta da gawayi sun sauya shi, kuma a 2012 masu bincike a Finland suka nuna cewa ɗan ɓurɓushin jan ƙarfe da ke cikin na Bolonya shi ne sirrin hasken. Abin da ya fi tsaya min a rai shi ne rauninsa. Hasken aro ne, a hankali yake dusashewa sai an sake kai shi rana. Laima kuma tana lalata shi, har ya riƙa warin ruɓaɓɓen ƙwai.

Ni kuwa tawadar da na ƙaga ba ta mutuwa, ba ta neman komai wajen kowa. A kan tudun nan na gane abin da ya sa ta ƙi zama.

A jirgin dawowa, bayan magariba, na buɗe littafina a kan gwiwa. Na cire ruwa da ƙaro daga haɗin, na sa mai, a ajiye ta a tandu kamar kwalli. Mata masu ginin tukwane su za su riƙa gasa dutsen, da rani kaɗai. Kowane gida yana shanya takardunsa a kan soro da hantsi, yadda ake shanya kuɓewa, da dare kuma gari ya ɗauki ja daga tagogi. Damina lokacin hadda ce. Wanda ya ɓoye wasiƙa a akwati, duhu zai tarar. Sai ga wani waziri ya faɗo min, wanda ya kulle kundin gadon marayu a rami shekara bakwai, da yarinyar da ta sato shafi ɗaya ta hau soro da shi kafin fitowar rana.

Yaya ya leƙo yana karantawa, ɓarin dutsen yana hannunsa.

"Yarinyar nan, in hadari ya taso fa?"

Na juya shafi, na fara rubuta hadarin.