Zaɓen kaki da kunyar da na sha a gaban Malam

Har yau in na tuna ranar da na gabatar da takardata a kan zaɓen Birtaniya na 1900 sai in ji fuskata ta yi zafi. Mako uku na yi ina karatu, amma suna ɗaya ya kayar da ni: Joseph Chamberlain.

Zaɓen dai an yi shi ne daga ƙarshen Satumba zuwa Oktoba, ana tsakiyar yaƙin Boer a Afirka ta Kudu, shi ya sa ake ce masa zaɓen kaki, saboda kakin soja. Firaminista Salisbury na jam'iyyar Conservative ya ga sojojin Birtaniya sun kama Pretoria a watan Yuni, jama'a na ta murna, sai ya kira zaɓe tun zafin bai huce ba. Ɓangarensa ya kwashe kujeru 402 daga cikin 670. Wannan duk na kawo shi tsaf.

Inda na zame shi ne ɓangarorin jam'iyyar adawa ta Liberal. Na san yaƙin ya raba su: su Asquith da Grey da Haldane suna goyon baya, ana kiran su Liberal Imperialist, su Lloyd George suna tsine wa yaƙin, Campbell-Bannerman, shugaban jam'iyya, yana tsakiya yana ƙoƙarin hana gida watsewa. Da na ci karo da sunan Liberal Unionist sai na ɗauka wani laƙabin su Asquith ne. Na ɗauki Chamberlain, wanda ɗan Liberal Unionist ne, na dasa shi a kansu, na tattara kujerunsa na zuba wa 'yan adawa, har da jadawali mai launi.

Malam bai katse ni ba sai da na kai aya. Sannan ya cire tabarau ya ce, "To, 'yata, in Chamberlain ɗan adawa ne a 1900, wa Lugard yake aika wa rahoto daga Arewa?"

Na yi tsuru-tsuru. Abin haushin, na san amsar tun aji ɗaya. Chamberlain ne sakataren mulkin mallaka tun 1895, a ƙarƙashinsa Lugard ya kafa tuta a Lakwaja ranar 1 ga Janairu 1900. Mutumin da ke tsakiyar gwamnati, wanda ya fi kowa zafi a yaƙin neman zaɓen, shi na mayar ɗan adawa. Ashe su Liberal Unionist tun 1886 suka ɓalle, kan batun ba Ireland 'yancin gudanar da harkokinta a zamanin Firaminista Gladstone, shekara goma sha uku kafin a harba harsashin farko a yaƙin Boer. Jam'iyya ce mai zaman kanta, tana ƙawance da Conservative.

Maki goma ya tafi, kuma na sake rubuta rabin takardar, don duk lissafin jadawalin ya rushe. Yanzu in na ga sunan ɓangare, kafin komai sai na binciko shekarar da ya ɓalle da rigimar da ta fitar da shi, sannan in duba ko mutanensa na riƙe da muƙami a gwamnatin lokacin. Minti biyar ne kawai, da na yi shi da ban sha wannan kunya ba.

Abin da ya fi ci mini rai, na ɓata kwana biyu ina neman bayani kan yadda Churchill ya fara shiga majalisa daga Oldham a zaɓen, don in burge aji. Ko mutum ɗaya bai yi mini tambaya a kansa ba. 'Yan ajinmu kuwa har muka gama zango Chamberlain suke kira na.