Wahalar da muka sha kan takardar asali kafin zaɓen ƙauye a Indiya

Lokacin ina karatu a Pune wani abokina ɗan ajinmu ya ce in taya shi harhaɗa takardun yayarsa, za ta tsaya takarar majalisar ƙauyensu, gram panchayat, a jihar Maharashtra. Kujerar unguwarsu a zagayen nan an ware ta ne wa mace 'yar Dalit, mutanen da aka daɗe ana ƙyama ana hana su ko ɗiban ruwa a rijiyar gari, a takarda SC ake kiransu. Tun gyaran tsarin mulki na 73 da ya fara aiki a 1993 ake ware musu kujeru gwargwadon yawansu, mata kuma aƙalla kashi ɗaya cikin uku, Maharashtra ma ta kai nata rabi.

To kowa a ƙauyen ya san gidansu 'yan Mahar ne, ɗaya daga cikin rukunonin Dalit, amma wannan ba hujja ba ce a ofis. Sai ka karɓi takardar asali, wadda ke nuna rukunin da aka haife ka a ciki, sannan wani kwamiti daban ya tantance ta, su kuma suna son shaidar cewa danginka na wajen uba suna jihar tun kafin 1950. Wallahi nan ne abin ya taɓa ni, don kakansu bai taɓa shiga aji ba, to ina za a samo takardar makarantarsa? Haka muka dinga yawo daga wannan ofis zuwa wancan, har aka dace da wani tsohon rajistan haihuwa na ƙauye, takardun duk sun yi ja gara ta ci gefe, sunan kakan na nan da rubutun Marathi, a gabansa an sa Mahar. Abokina hannunsa rawa yake yi lokacin da yake ɗaukar hoton shafin. Da rasit ɗin kwamitin yayar tasa ta shiga takara, da sharaɗin in ta ci ba ta kawo tantancewar kan lokaci ba kujerar ta tafi.

Abin da na koya, aure baya canza komai, da ta auri ɗan Mahar ne ita ba a gidan Dalit aka haife ta ba da bata cancanta ba, kotun ƙoli ta yanke haka tun a shari'ar Meera Kanwaria a 2005. Kuma duk mai niyya ya fara neman takardun nan tun kafin a sa ranar zaɓe, don kujerun juyawa suke yi, wannan karon unguwarku wani karon wata.

Wanda har yanzu yake damuna shi ne addini. Dokar 1950 ta ce SC sai mai bin Hindu, aka ƙara Sikh a 1956, 'yan Buddha a 1990. Maƙwabcinsu Musulmi ne, kakanninsa aikin shara suka yi, ƙyamar iri ɗaya suka sha, amma wannan kujerar ba shi da damar nemanta.