Ruwan Farko

Daren Talata, Kano

Ƙarfe 11 ta wuce, gidan ya yi tsit sai kukan kwaɗi daga bayan katanga. Rabona da jin kukan nan tun bara. Kowa ya yi barci, yau har da lulluɓa, ni kuwa na kasa kwanciya sai na rubuta abin da na gani da yamma tun yana da ɗuminsa a raina.

Mako biyu ke nan Inna tana cewa damina ta ƙaraso. Daga Kazaure ta zo ganin likitan ido, amma duk da idon da ke damunta ita ta fara hango shamuwa biyu suna jidar ƙirare zuwa kan tsamiyar bakin masallaci. A wajen Inna magana ta ƙare ke nan, ba ta neman kalanda. Tsuntsuwar nan can kudancin Afirka take yin rani, ba ta dawowa sai ruwa ya kusa, ta yi sheƙarta a cikin mutane ta ƙyanƙyashe 'ya'yanta. Muna yara, ko wanda ya fi kowa ƙiriniya ba ya ɗaga danƙo ya harbe ta. Mu dai muna ta zuba ido. Zafin bazara ya gasa mu, wuyan Auta duk ƙurajen zafi, a tsakar gida muke kwana ana fifita har hannu ya gaji.

Bayan sallar la'asar iska ta ɗauke cak, ko ganye ba ya motsi. Can sai gabas ta yi baƙi ƙirin, jar ƙura a gaba, hadari na biye da ita. Nan gida ya kacame. Na kwashe shanya, na rufe tukunyar miya, yayan Auta yana jera bokitai da baho a bakin kwano. Inna tana zaune a baranda tana ce masa kada ya tari na farko, ya bari ya wanke ƙurar wata 7 da ke kan rufin tukuna.

Wata 7 ɗin nan shi ne abin da ban lissafa ba. Ruwan ƙarshe a watan Oktoba aka yi shi. Ni a wajena jiya-jiya ne, amma Auta shekararta 4, abin da ya wuce wata 7 ya yi mata nisa ƙwarai. Da aka kwaɗa tsawar farko ta ruga ta cusa kanta a zanina. Sai ɗigon farko ya fara sauka, manya-manya, ɗaiɗai, kowanne ya faɗi a kan ƙura ya bar tabo kamar kwabo. Ƙamshin ƙasa ya tashi ya cika gidan. Ta leƙo a hankali, ta dubi ƙasa, ta dubi sama, ta ce, "Umma, wa yake zubowa?"

Na ce Allah ne. Kuma a cikin numfashi ɗaya na ce ta wuce ɗaki kada mura ta kama ta.

Yayanta ne ya fara roƙa mata. Shekararsa 11, kuma bai daɗe da koyon wani hadisi a Islamiyya ba, wanda Anas ɗan Malik ya ruwaito, cewa Manzon Allah (SAW) ya yaye wani sashe na tufarsa don ruwan sama ya taɓa jikinsa, ya ce domin yanzun nan ya zo daga wurin Ubangijinsa. Ya karanto mini shi tsaf, idonsa na kan ƙofar tsakar gida. Inna ta yi murmushi ta ce, "Ke wa ya hana ki a lokacinki? Sakar mini kishiyata ta sha ruwan Allah." Na tuɓe mata riga, na bar ta da ɗan wando.

Ba ta ruga ba. Ta tsaya a bakin baranda, yatsun ƙafarta a daidai inda siminti ya fara jiƙa, ta miƙa hannu ɗaya. Ɗigo ya faɗo a tafinta, ta janye da sauri kamar ta taɓa garwashi. Ta kawo hannun kusa da fuskarta ta yi ta kallon ruwan da ya kwanta a tsakiya, sannan ta lasa. Ta waiwayo ta dube ni, ta dubi kakarta, kamar tana tambaya ko mun san da wannan abu tuntuni muka ɓoye mata. Ta sa ƙafa ɗaya waje, ta sa ta biyu. A daidai nan ruwan ya kece kamar da bakin ƙwarya. Ta ƙame, kafaɗu a ɗage, ido a runtse, na yunƙura zan ɗauko ta don na zaci kuka za ta fasa. Ashe dariya ce. Irin dariyar da ke fitowa tun daga ciki, har tana shaƙewa, ta ɗaga kai ta buɗe baki tana tara, ruwa na bin kitsonta yana sauka a haɓa. Yayanta ya ja ta ƙarƙashin indararo, ruwan ya daki tsakiyar kanta, ta yi ƙara ta gudu, ta dawo, ta sake gudu. Ta yi haka ya fi sau 10, kuma kowanne zuwa da sabon mamakinsa.

Inna tana ta maimaita "Allahumma sayyiban nafi'an" a hankali, hannunta a miƙe waje ita ma.

A lungu ihun yaran unguwa ya cika ko'ina. Yayan ya so fita, na hana, kuma ko gobe zan hana. Kwatocin unguwarmu sun toshe da leda, abin da ke malala a lungu idan an yi ruwa bai kamata ya taɓa jikin yaro ba. Wannan yana ci mini rai, domin mu da muka tashi a Kazaure kan rairayi muke gudu, mu datse ruwa da laka, mu saki jirgin kara mu bi shi har inda ya maƙale. Washegari kuma da sassafe sai gona. Baba a gaba da sungumi yana sara, mu a baya da 'yar ƙwaryar iri, mu jefa gero a rami mu rufe da diddige. A jiƙaƙƙiyar ƙasar nan muke tsintar wani ɗan ƙwaro ja wur, mai laushin jiki kamar karammiski, wanda ba a ganinsa sai bayan ruwan farko. Mu ɗora shi a tafin hannu ya naɗe ƙafafunsa ya yi lamo, mu yi ta hura masa iska har ya miƙe ya kama tafiya. Na fi shekara 20 ban gan shi ba, amma yau da ƙamshin ƙasar nan ya buge ni sai na ji tafiyarsa a tafina.

Ana cikin haka ƙarar kwano ta sauya, ta koma kamar ana watsa tsakuwa. Ƙanƙara ce. Ba ta daɗe ba, kuma ƙanana ce, ba ta fi ƙwayar wake ba. Na janyo su baranda har ta lafa, sannan suka bazama tsinta. Auta ta sa ɗaya a baki, idonta ya fito waje don sanyi. Ta shiga kicin da gudu ta ɗauko kofin silba, ta tsuguna tana tsinta ɗaya bayan ɗaya, leɓenta na rawa. Na ce ta sha mana tun da ta tara. Ta girgiza kai. "Ta Abba ce." Ta rufe kofin da murfin kwano, ta tura shi ƙarƙashin gadon Inna inda take ɓoye duk abin da take ji da shi.

Na yi musu wanka da ruwan ɗumi, na shafe su da mai, na dama kunun tsamiya. Bayan magariba wuta ba ta dawo ba, sai muka kunna fitila a gefen bahon ruwa, shinge ya yi ta zuwa yana faɗawa. Bai da yawa kamar na ƙauye, amma Inna ta soya abin da ya samu da ɗan gishiri, da mansa yake soyuwa. Yayan ya ci, Auta ta ce ita tausayinsu take ji.

Abbansu bai iso daga Kantin Kwari ba sai bayan isha, wandonsa a naɗe har gwiwa. Ko sallamarsa ba a gama amsawa ba ta rarrafa ƙarƙashin gado ta fito da kofin, tana riƙe da shi hannu bibbiyu. Ta buɗe murfin da kanta. Ruwa ne ɗan kaɗan a gindin kofin, da ƙasa-ƙasa a ciki. Ta leƙa, ta karkata shi wajen fitila, ta sake leƙawa. Bakinta ya fara karkacewa. Yayanta ya buɗe baki zai yi mata bayani, Inna ta dafa masa gwiwa.

Abbansu ya tsuguna a gabanta da jiƙaƙƙun kayansa, ya karɓa, ya yi bisimilla ya shanye har ƙasar. Ya ce, "Auta, daga sama kika ɗebo mini wannan?" Ta ɗaga kai. Ya ce rabonsa da shan irinsa tun yana kamar ita, Allah Ya yi mata albarka.

Auta a bayan Inna ta yi barci, ana tsakiyar tatsuniyar Gizo da Ƙoƙi. Da na zo ɗaukarta na tarar da kofin a hannunta, ta ƙanƙame shi. Na yi ƙoƙarin zarewa, ta buɗe ido rabi ta ce in bar mata, gobe za ta tara da yawa, har da ta Kaka.