Gidan waya bai mutu ba, amma a raba alƙali da ɗan wasa

Jiya da yamma na raka ƙanwata tasha za ta aika wa wata kwastomarta turaren wuta da atamfa turmi biyu zuwa Yola, muna tsaye ɗan kamasho ya karɓi kwalin ya jijjiga shi ya ce “Hajiya ba abin fashewa ko?”, ya ɗauko maka ya rubuta lambar wayar matar a jiki, ya kira direba ya miƙa masa, aka biya kuɗi aka ba mu lambar direban, shi kenan an gama. Ba rasit ba awo ba komai, amana ce kawai da lambar waya. A hanyar dawowa nake ta tunanin yadda aka yi muka zo nan, don wallahi ni na taso na ga lokacin da gidan waya yake gidan waya.

Babanmu yana da akwati a gidan wayan garinmu, makullin ɗan ƙarami ne yana maƙale da na babur ɗinsa, ranar da ya yarda ya ba ka ka je ka buɗo to ranar ka zama babba. Ka zura hannu ka ji ambulan, wani da kan sarki mai hoton tsuntsu ko na manoma, wani shuɗi mara nauyi daga kawunmu da ke karatu a Sudan. Kuma ba namu kaɗai ba ne akwatin, rabin unguwa da shi suke amfani, sai ka ga an rubuta sunan mutum an ce ta hannun Malam wane. Takardar samun makaranta ta yayanmu ta nan ta zo. Wasiƙun da Baba yake rubuta wa sashen Hausa na BBC ta nan suke tafiya har Landan, ya zauna da rediyo yana jira a karanto sunansa da sunan garinmu. A bakin ƙofa akwai wani dattijo da teburinsa da biro yana rubuta wa waɗanda ba su iya boko ba, tsohuwa ta zauna ta ce “rubuta masa ina gaishe shi, ka ce masa damina ta yi kyau amma rufin ɗaki yana yoyo”, ya rubuta ya karanta mata ta ce ƙara kaza.

Abin da ban sani ba a lokacin shi ne duk wannan tsarin a kan wata yarjejeniya yake zaune. Gwamnati ta ce ni kaɗai zan riƙa ɗaukar wasiƙa, ba wanda zai yi wannan sana'ar sai ni, ni kuma na ɗauki alkawarin duk inda kake a ƙasar nan zan kai maka a farashi ɗaya, ko kana tsakiyar Legas ko kana wani ƙauye a bakin iyakar Nijar. Ribar da aka ci a birni ita ke biyan asarar zuwa ƙauye. Tun 1840 Ingila ta fara wannan dabarar ta farashi ɗaya da kan sarki, mu kuma Turawa suka buɗe gidan waya na farko a Legas a 1852. Da can waya da wasiƙa duk ma'aikata ɗaya ce, P&T, sai a 1985 aka raba, ɓangaren tarho ya zama NITEL na wasiƙa ya zama NIPOST, dokar 1992 kuma ta tabbatar wa NIPOST wannan haƙƙin na cewa ɗaukar wasiƙa nata ne ita kaɗai. To kowa ya ci ladan kuturu ai dole ya yi masa aski, wannan shi ne adalcin abin, kuma ni ban ga laifinsa ba a zamaninsa.

Matsalar ita ce wasiƙar da aka gina komai a kanta ta tafi. Tunda GSM ta shigo a 2001 wa zai zauna ya rubuta wa uwarsa takarda ya jira sati biyu, yanzu ma tsohuwar da ba ta iya karatu ba sai ta danna ta yi magana a WhatsApp ta tura. Abin da ya rage da kuɗi a ciki shi ne kaya, atamfa da takalmi da waya da magani da kilishi, kuma wannan kasuwar tuni ta koma hannun direbobin tasha da yaran nan masu babura da akwati a baya da manyan kamfanoni irin su DHL da GIG. Kenan a takarda gwamnati ce mai abin, a kan titi kuwa kowa yana yi.

Inda abin yake ci min rai shi ne nan. Dokar da ta ba NIPOST wasiƙa ita ce kuma ta ba ta ikon ba wa kamfanonin kai saƙo lasisi, wato wanda kuke gasa da shi a kasuwa ɗaya shi ne zai ce ka cancanta ko ba ka cancanta ba, shi zai yanka maka kuɗin da za ka biya, shi zai kama babur ɗinka in ba ka biya ba. Ko a ƙwallon unguwa ba wanda zai yarda alƙalin wasa ya sa rigar ɗaya ƙungiyar. Kuma mun ga abin da hakan yake haifarwa a watan Yulin 2020, ana tsakiyar korona mutane suna kulle a gida matasa da yawa sun samu abin yi da kai saƙo, kawai sai ga sabon farashin lasisi, na ƙasa da ƙasa naira miliyan 20, na faɗin Najeriya miliyan 10, na jiha ɗaya miliyan 2, na cikin gari miliyan 1, ƙananan masu babura kuma dubu 250. Intanet ta ɗauki zafi, sai da ministan sadarwa na lokacin Isa Ali Pantami ya fito ya ce bai amince da ƙarin ba a dakatar. Na ji daɗin dakatarwar amma ai ba a cire tushen ba, gobe wani zai iya sake yi tunda dokar tana nan. A shekarar dai aka yi ta cacar baki a bainar jama'a tsakanin NIPOST da hukumar haraji FIRS a kan wa ke da haƙƙin karɓar harajin kan sarki, naira hamsin ɗin nan da ake cira a banki, wanda ya nuna maka NIPOST tana neman inda za ta samu kuɗin shiga ne ido rufe saboda asalin sana'arta ta daina ciyar da ita.

Abokaina da yawa in muna wannan hirar sai su ce kawai a sayar a huta, su kawo misalin NITEL, su ce da layin tarho sai mai hanya yake samu yanzu ga waya a hannun mai tallan gyaɗa. Gaskiya ne, amma su tuna abin da ya sa waccan ta yi aiki shi ne akwai hukumar sadarwa ta NCC a gefe, hukuma ce da ba ta sayar da layi, aikinta sa ido kawai. Irin wannan nake so a yi wa harkar saƙo, kuma an daɗe ana kai kudirin kafa hukumar sa ido ta daban gaban majalisa ana ta jan ƙafa. Sannan ko a wayar ma ku je ƙauyukanmu ku ga inda sai an hau tudu ko bishiya ake samun sabis, don kamfani lissafi yake yi, inda ba riba ba zai kafa ƙarfe ba, kuma ban zarge shi ba kuɗinsa ya zuba.

Ni na gani da idona. Bara na so in aika wa gwaggona takardun asibiti da wani magani ƙauyensu, na shiga ofishin wani kamfanin kai saƙo mai kyau da esi da kwamfuta, yarinyar ta duba ta ce “Yallaɓai ba ma zuwa can, iyakarmu babban birnin jihar, sai dai a zo a karɓa.” Daga babban birnin zuwa ƙauyen tafiyar kusan awa uku ce. Na koma tasha na ba direba, motar ta lalace a hanya ya bar saƙon a hannun wani mai shayi, kwana huɗu muna kiran waya kafin ɗan gwaggon ya hau babur ya je ya samo shi, ambulan ɗin duk ya sha maiƙo. Da ya ɓata fa, wa zan kama? Ba takarda ba shaida. Wannan matar ita ce wadda tsohuwar yarjejeniyar take karewa, kuma ita ce ba ta cikin lissafin kowa yanzu.

Ƙasashen da suka riga mu ma ba baki ɗaya suke magana ba. Jamus ta sayar da hannun jarin gidan wayanta, ta buɗe kasuwar wasiƙa gaba ɗaya a 2008, kamfanin ya ƙasaita har shi ne mai DHL ɗin da muke gani a nan. Ingila ta sayar da gidan wayanta, Royal Mail, a 2013 kuma tun daga nan ake ta ƙorafin tsadar kan sarki da jinkirin wasiƙa. Amurka kuwa uwar jari hujja har yau gwamnati ce ke riƙe da wasiƙa, akwatin da ke ƙofar gidan mutum ma ba wanda doka ta yarda ya saka saƙo a ciki sai ma'aikacin gidan waya.

Abin da nake so a yi a nan ba mai wahalar fahimta ba ne. A cire wa NIPOST aikin ba da lasisi a ba wata hukuma da ba ta ɗaukar kaya, a daina riƙe dokar hana kowa ɗaukar wasiƙa tunda ba wanda take hanawa sai dai ta zama sandar dukan ƙananan yara masu nema, a bar kowa ya yi gasa a Kano da Abuja da Fatakwal. Amma zuwa ƙauye a rubuta shi a matsayin aikin gwamnati kamar rigakafi da makarantar firamare, a ware masa kuɗi a fili a kasafi kowa ya gani, in ba haka ba zai zama kura da shan bugu gardi da karɓar kuɗi, kamfanoni su kwashe birane a bar wa gidan waya hanyoyin da ba kwalta sannan a dawo ana zaginsa wai ba ya kawo riba. Kuma gine-ginen nan da ke kusan kowace tsohuwar hedikwatar ƙaramar hukuma kar a raba su a tsakanin manya, su zama wurin ajiye kaya da karɓa, ko na wane kamfani ne a kawo nan a ba mutum rasit, a haɗa da cire kuɗi da biyan fansho. Ga maganar adireshi, muna da lambar gari mai alƙaluma shida, ta tsakiyar Kano 700001, amma tambayi mutum goma a layinku ka ga ko ɗaya ya sani, har yau kwatancenmu shi ne bayan masallacin Juma'a gida mai baƙin get kusa da mai markaɗe, wannan ma aiki ne da babu kamfanin da zai yi mana shi.

Ɗazu da safe ƙanwata ta kira direban Yola sau uku bai ɗauka ba, sai can wajen azahar ya kira ya ce sun isa matar ta turo yaro ya karɓa. Ta ce alhamdulillahi ta ajiye wayar, ta jawo wani kwalin ta fara naɗe shi da salatif, wannan kuma na wani ƙauye ne a bayan Nguru, tana ta tambayata ko na san direban da ke bi ta wajen.