Mutumin da ke gudu a tashar jirgin ba Cybulski ba ne

Bidiyon minti 12 na haɗa a kan rayuwar Zbigniew Cybulski, jarumin finafinan ƙasar Poland, kuma daƙiƙa 40 na farko ne suka sa na sauke shi bayan kwana biyu. Har yau in na tuna sai raina ya ɓaci, domin binciken minti biyar ya isa ya hana wannan abin kunya.

Kowa da ke bin finafinan Poland ya san yadda ya rasu. Ranar 8 ga Janairun 1967, a babbar tashar Wrocław, ya yi tsalle zai kama jirgin ƙasa mai zuwa Warsaw bayan ya riga ya tashi, ya zame ya faɗa ƙarƙashinsa, yana da shekara 39. To sai na ci karo da wani yanki na fim: mutum yana gudu a gefen jirgi, ya faɗi. Na yanko shi, na ɗora a farkon bidiyon, na ce da bakina wannan ne fitowarsa ta ƙarshe.

Ashe yankin daga fim ɗin Wszystko na sprzedaż ne, wanda darakta Andrzej Wajda ya fitar a 1969, shekara biyu bayan an binne Cybulski a Katowice. Fim ne a kan rashinsa: ana jiran wani jarumi a wurin ɗaukar fim, bai zo ba. Cybulski bai fito a cikinsa ba ko na ƙiftawar ido. Da na jera shekarar fim da shekarar mutuwa a layi ɗaya, da ban faɗa wannan rami ba.

Abin da ya ruɗe ni shi ne jirgin ƙasa yana bin sa a finafinansa na gaskiya. A Pociąg na Jerzy Kawalerowicz, 1959, yana cikin jirgin dare. A Salto na Tadeusz Konwicki, 1965, da tsalle daga jirgi mai tafiya yake shigowa labarin. Ido ya saba, sai ya yarda ba tare da tambaya ba.

Yanzu kafin in yanki komai, ina rubuta abu uku a gefen kowane yanki: sunan fim da harshen Poland, shekara, da sunan wanda ke cikin hoton kamar yadda yake a jerin 'yan wasa na ƙarshen fim. Baƙin tabarau ba shaida ba ne. Wannan tabarau da Cybulski ya sa a fim ɗin Popiół i diament na 1958, inda ya fito a matsayin Maciek Chełmicki, matasan Poland da yawa sun kwaikwaye shi.

Sai furuci, wanda ya ƙara min kwana guda a sake naɗar murya. Bahaushe in ya ga c, "ci" zai karanta kamar a "ciki". A Poland c kusa take da ts ɗinmu, wato Tsibulski. W kuma v ce, ł ita ce w: Vaida, Vrotswaf.

Sauran tarihin bai ba ni wahala ba. An haife shi 3 ga Nuwamban 1927 a Kniaże, ƙauyen da yanzu ke cikin Yukren, ya gama makarantar wasan kwaikwayo a Kraków a 1953, ya wuce Gdańsk inda suka kafa ƙungiyar wasan kwaikwayo ta Bim-Bom da abokinsa Bogumił Kobiela.

Sabon bidiyon da mutuwar Maciek a kan juji yake farawa. Wancan yankin na tashar ban jefar da shi ba, na mayar da shi minti na 11, da sunan Wajda da 1969 rubuce a ƙasa.