Garin kaji da jam'iyyar da ba ta aiki ran Lahadi

Ni dai kafin in zo Holan abin da nake ji a majalisarmu ta Funtuwa shi ne wai Turawa sun yi hannun riga da addini, kowa harkar gabansa yake. To sai Allah Ya jefa ni Barneveld a 2016, wani gari a lardin Gelderland da aka fi saninsa da kaji, har gidan tarihin kaji gare su wallahi, ni ma aikin da na samu na jera ƙwai a kiret ne, shida na safe muna bakin aiki.

Lahadi ta biyu da tarewata rana ta ɗan leƙo, na ce yau dai sai wanki. Na shanya kaya a waje, na hau wanke kekena ina sauraren waƙa a waya, unguwa kuwa tsit kamar an yi ruwa an ɗauke. Can sai ga mutane suna wucewa a ƙafa, maza da baƙaƙen kwat, mata da dogon siket da hula, kowane gida da yara biyar shida a baya, za su coci. Ba wanda ya ce min uffan amma kallon da na sha ya ishe ni. Da yamma suka sake komawa, ashe sau biyu suke zuwa.

Washegari dattijon da muke katanga ɗaya ya tare ni, cikin lalama ya ce "Maƙwabci, mu nan Lahadi ranar Ubangiji ce, wanki zai iya jiran Litinin." Na ce "Baba a yi haƙuri, baƙo ko da ido makaho ne." Tun daga nan muka saba, yakan kira ni shan kofi, a buɗe gwangwanin biskit ka ɗauki ɗaya tak a rufe, ni da na saba da ci ka ƙara abin ya daɗe yana ɗaure min kai.

A tagarsa na fara ganin fosta mai haruffa uku, SGP. Ita ce jam'iyyarsu, ta Kiristoci Furotesta masu riƙon addini kam-kam, kuma Baba in ya fara tarihinta sai kofi ya huce. A 1918 aka kafa ta a Middelburg can lardin Zeeland, wani fasto Gerrit Kersten ne jagora, ta shiga majalisar ƙasa a 1922 da kujera ɗaya kuma har yau ba ta fita ba, duk Holan ba jam'iyyar da ta kai ta daɗewa da sunanta. Amma fa kujeru biyu ne ko uku cikin 150, ba ta taɓa shiga gwamnati ba, ƙuri'unta kuma kusan duk daga zirin garuruwa ɗaya suke fitowa, daga Zeeland ya ratso ta nan wajenmu har Staphorst, ga Urk a gefe. Labarin da Baba ya fi so shi ne na 1925, da Kersten ya kawo ƙudurin a daina kashe kuɗi kan jakadan ƙasar a fadar Paparoma, ƙuduri ya wuce, ministocin Katolika suka yi fushi suka ajiye aiki, gwamnatin firaminista Colijn ta rushe. Ƙaramin sauro ya hana giwa barci kenan.

Har shafinsu na intanet rufe shi suke ran Lahadi, na gwada da kaina don ban yarda ba.

Maganar mata ce ta fi ba su wahala. Sai 2006 suka yarda mace ta zama cikakkiyar 'yar jam'iyya, takara kuwa sai da kotun ƙoli ta yanke hukunci a 2010, suka kai ƙara kotun Turai ba su yi nasara ba, sannan suka sassauta a 2013, a 2014 Lilian Janse ta ci kansila a Vlissingen. Baba har yanzu in an zo nan sai ya yi shiru ya juya cokali.

Gaskiya akwai abin da ya kwantar min da hankali a zama da su, ba sa mamakin in ka ce za ka yi salla, su ma ba sa sa loma sai sun yi addu'a, zumunci da kunya duk akwai. Amma kar wani ya ɗauka namu ne, jam'iyyar nan ta sha neman a hana kiran salla da lasifika. Na faɗa wa Baba ƙiri-ƙiri, na ce ƙararrawarku tana tashina duk Lahadi ban taɓa ƙorafi ba. Ya ce ƙasar ai ta gaji Kiristanci ne, na ce ni ma haraji nake biya, muka bar ta a haka.

Baƙo in ya shekara biyar da takardu yana da damar zaɓen ƙaramar hukuma, don haka a Maris 2022 katin zaɓe ya iso min ta akwatin wasiƙa. Tare muka tafi a keke, na shiga na cika da jan fensirin nan nasu. A hanyar dawowa ya ce "Wa ka zaɓa?" na ce "Haba Baba, ƙuri'a ai sirri ce." Ya yi dariya har da tari, da muka isa gida ya buɗe gwangwanin biskit, na ɗauki ɗaya, sai na ga bai rufe ba.